Atishawar Ilu

Tun da likitoci suka zura wa Malam Tanimu siririn zare cikin jijiyar ƙwaƙwalwa, hannunsa da ya shanye ya dawo. Sai dai fa zaren nan ba ya shiri da mura, in ta kama shi jijiyar za ta sake toshewa. Don haka masu binciken ƙwayar mura suka kafa masa ƙofar gilashi mai kunne. Duk wanda ta ji wa alamar mura, ba shi ba shiga sai sanyi ya wuce.

Kun san halin mutane, kowa ya ɗauke ƙafa. Saura Ilu, wanda suke cin kwano ɗaya tun suna samari.

Ranar nan bayan la'asar sai ga Ilu da kwanon dambu.

"Tsoho mai zare, ka mutu ne ko da saura?"

"Sai na binne ka tukuna. Shigo, yana hucewa."

Ilu zai sa ƙafa ke nan, hanci ya yi masa ƙaiƙayi. Ya cusa fuska cikin riga, ya danne atishawar tsaf, ko ƙofar ba ta ji ba. Amma bakin da ya saba, ina! Sai ga "Alhamdu lillahi" ta fito.

Ƙofar ta rufe kanta.

Malam Tanimu, da ya riga ya wanke hannu, ya dube shi ta gilashi. Ya ce, "Yarhamukallah."

Ilu ya zauna a dakali, ya ci gefensa, ya bar ɗaya gefen.