Mutuwata a Stockholm

Ina cikin mutuwa a allon sinima sai wani ƙato a layin gaba ya tuntsire da dariya.

Shekara biyu darakta Torvald Ekwall ya kwashe yana haɗa fim ɗin nan na ban tausayi da na fito a cikinsa, har gidansa ya sayar. A lokacin fim ba ya magana, kuma da hannu ake juya injin haska shi. Ranar buɗewa hoton ya riƙa gudu fiye da kima, sai ga ni ina tari kamar kaza na tsattsagar hatsi, masu ɗauke da gawata suna sheƙa gudu kamar an biyo su. Sinima ta kaure da shewa.

Torvald ya haura ɗakin inji, na rufa masa baya. Ya shaƙo wuyan Hilding, tsohon da ke juya injin.

"Uban wa ya sa ka wannan gudun? Ka kashe ni."

"Ranka ya daɗe, fitsari ne ya matse ni. Gahawa na sha da yawa."

Sai ga mai kamfanin fim ɗin ya shigo yana share hawayen dariya. "Torvald, ashe haka ka iya barkwanci? Ina son irinsa biyar."

Torvald ya saki wuyan tsohon, ya gyara masa kwala.

Jaridu suka naɗa shi sarkin barkwancin Sweden, alhali bai taɓa rubuta abin dariya ba. Ya ci gaba da kashe ni cikin hawaye a finafinansa. Duk ranar buɗe sabon fim kuwa, shi da kansa yake kai wa Hilding butar gahawa, sannan ya kulle banɗaki ya jefa makullin a aljihu.