Nauyin Ƙwallon Ƙarfe

Man gyaɗa da yis aka aiki Safara'u ta sayo a kasuwar Tudun Wada, na wainar sadaka. Ta saya, ta ɗaure a leda. Maimakon ta nufi tasha, sai ta ratse ta bayan 'yan tumatir ta shiga shagon Shitu mai cajin waya da turin waƙoƙi. Wayar na ƙunshe a gefen zaninta tun safe, har ta yi ɗumi.

Tsohuwar wayar yayanta Mujitaba ce. Wata uku ke nan da ya tafi Kano koyon walda, ya bar ta a ƙasan akwati, ya ce kar wanda ya taɓa masa. Gobe zai dawo, don gobe ne ƙanwarsu Ilham ke cika kwana arba'in da rasuwa. Ya kuma gaya wa Inna wannan karon da wayarsa zai koma. Abin da za a yi wa wayar dole yau ne.

Shitu ya gane ta, abokin Mujitaba ne tun firamare. Ya rage sautin rediyo ya yi mata gaisuwa. Ya tambaya ko an rufe rijiyar da Ilham ta faɗa, ta ce an rufe, da kwano da dutse a sama. Ya girgiza kai ya ce yaro mai rarrafe sai dai Allah ya tsare, ita da take kan sallar la'asar a ɗaki me za ta iya. Ta ce haka ne. Kwana talatin da tara tana cewa haka ne, bakinta ya saba.

Ta miƙa masa wayar, ta nuna masa gem ɗin da yatsa. Gem ne na wata 'yar ƙwallon ƙarfe da ke gangarowa a kan allo mai fitilu, kai kuma kana tare ta da 'yan sanduna biyu a ƙasa kar ta faɗa rami. Ta ce ta sha jin Yaya na ƙorafi ƙwallon ba ta da nauyi, tana tashi kamar auduga. Akwai wani gyara da 'yan guruf ɗinsu ke sakawa, shi take so a sa masa, ya dawo ya tarar.

Shitu ya yi murmushi, ya ce ya san shi. Ba kamfani ne ya yi ba, masu buga gem ɗin ne da kansu suka haɗa fayil suna rabawa. In an saka, ƙwallon takan yi nauyi kamar ƙarfen gaske, gangararta ta canza, har dukan sandunan. Ya nemo shi a wayarsa ya fara saukewa. Sabis ya ja. Ta tsaya tana kallon layin yana ɗan motsawa yana tsayawa. Man ya jiƙa gindin ledar ya taɓa mata hijabi, ba ta goge ba.

Sai ya ɗago. "Amma kin san yana share makin gem ɗin? Duk abin da aka taɓa ci, tas. Shi ya sa ma yayanki bai sa ba."

Ta ce Yaya ya ce ba komai.

Ya buɗe shafin makin, ya yi fito. Ya ce wannan na saman, miliyan tara da ɗoriya, shi duk bugawarsa bai taɓa wuce huɗu ba. Kafin mutum ya kai nan sai ya yi kusan awa guda bai ɗaga kai ba, ko gobara ake a bayansa. Ashe Mujitaba mugu ne, ya yi shiru da bakinsa. Ya ɗaga tasa wayar zai ɗauki hoton shafin, ya ce irin wannan ba a barin sa ya tafi ba shaida.

Safara'u ta ɗora tafin hannunta a kan gilashin.

"Ya riga ya ɗauka," ta ce.

Ya kalle ta, ya kalli hijabin da ya yi maiƙo, ya ajiye wayarsa. Mai makoki ba a ja da shi. Ya tura fayil ɗin, ya shiga can cikin wayar ya cire tsohon ya ɗora sabon. Wani rubutun Turanci ya fito da maɓalli biyu. Ya ce shi dai hannunsa ba zai share wa abokinsa miliyan tara ba, ta danna na daman da kanta.

A aji uku ta bar makaranta, Turancin ba ta karanta shi. Lamba kuwa ta iya. Ta ce ya koma mata shafin makin sau ɗaya. Ta duba layin saman, da 'yan ƙananan lambobin da ke gefensa waɗanda Shitu bai kula da su ba. Sannan ta danna.

Wayar ta ɗauke, ta kawo. Shafin ya fito fari fat. Shitu ya saki ƙwallon, ta gangaro a hankali, da nauyi, ya ce ka ji ƙarfe. Ya miƙa mata ta gwada, ta ce ba ta iya ba. Ta maida wayar gefen zani, ta ɗauki ledarta.

A mota ta zauna jikin taga. Ta jira ta ji sauƙi, ba ta ji komai ba. Yanzu dai Yaya ba zai buɗe ya ga kwanan wata da ƙarfe huɗu da minti ashirin a gefen miliyan taran ba, alhali a ranar shi yana Kano kusan wata biyu, ita kuma tana zaune a kan sallaya da wayar a hannu, Ilham na rarrafe zuwa bakin rijiya.