Tarar Sule Goma

Luka ne ya kawo takardar da kansa, ya ajiye ta a kan tabarma kusa da kwanon kunun da Istifanus ya kasa shanyewa.

Wa da ƙane ne. Luka ke da babbar motar da ke kwaso auduga daga ƙauyukan Malumfashi zuwa gidan gurza a Funtua, Istifanus kuwa shi ke tuƙa ta. A kakar 1964 zazzaɓi ya kayar da Istifanus, ya yi kwanaki ko bakin zaure bai iya kaiwa.

Takardar ta ce ranar Alhamis da tsakar rana an ajiye motar a bakin kasuwar Funtua, inda aka hana tsayawa, ta tare hanya. Tara sule goma a kan direban motar, wato Istifanus. Wani ɗan doka mai suna Shitu ya sa hannu.

"Ƙarya ce," in ji Luka. "Ran nan ni na ɗauki motar don kada lodin Gozaki ya kuɓuce mana. Da tsakar rana ina kan hanyar Kafur."

Salome, matar Istifanus, tana tankaɗe a ƙofar ɗaki. Ta ce, "Yaya, ku biya mana a huta. Sule goma ai ba ta kai a je kotu ba."

Luka ya girgiza kai. Ya ce ba kuɗin ne abin ji ba. Wanda ya biya ya amsa laifi ke nan, za a buga a lasinsa, kuma masu ba da lodi ba sa son direba mai tabo.

Nan ya taɓa Istifanus inda yake masa ciwo. Tun da ya karɓi lasin ba a taɓa rubuta masa ko ɗigo ba, kuma duk tashar Malumfashi an san yana alfahari da haka. Yanzu yana kwance a gida za a ɓata masa suna?

Matsalar guda ce: Luka ba shi da lasin. In ya ce shi ya tuƙa, za a kama motar, abincin gida biyu ya tsaya.

"Motar dai ba ta je Funtua ba, wannan gaskiya ce," in ji Luka. "Wanda ya riƙe sitiyari kawai za mu sauya."

Istifanus ya daɗe yana kallon rufin ɗaki. Luka ne ya riƙe shi bayan rasuwar babansu, shi ya kai shi koyon tuƙi, shi ya tsaya masa a bikinsa. Ya ce to.

Da ya sami sauƙi ya fita duba motar. Ya tarar an wanke ta tas har tayoyi, an kuma sa mata sabuwar fitila ta hagu. Abin ya yi masa daɗi. Luka, wanda ko man fitila sai ya yi cinikinsa, har sabuwar riga ya ɗinka masa ta zuwa kotu. Kullum da yamma sai ya zo ya zauna suna bita: ƙarfe nawa aka gama lodi, ta ina aka bi, a ina rana ta raba.

Ranar shari'a kotun ba ta cika ba. Ban da masu ƙananan laifuffuka, sai wasu ƙauyawa a bencin baya, da 'yan sanda biyu a bakin ƙofa.

Istifanus ya ɗora hannu a kan Littafi Mai Tsarki. Muryarsa ta fita sarai. Ya ce shi ya tuƙa motar ran nan tun safe har yamma, ba wanda ya taɓa sitiyarin sai shi, kuma da tsakar rana yana kan hanyar Kafur da lodin auduga. Luka ya tashi ya rantse cewa shi ya aike shi, kuma a gabansa ya tashi.

Mai shari'a ya sa Istifanus ya maimaita ranar da wurin, a hankali, saboda mai rubutu. Ya maimaita yana ɗaga murya.

Aka juya ga ɗan doka Shitu. Bai yi gardama ba ko kaɗan. Ya sosa ƙeya ya ce mai yiwuwa lamba ce ya rubuta ba daidai ba. Aka soke tarar.

Istifanus ya fito yana gyara wuyan riga, yana tunanin yadda zai ba da labarin a tasha. A kan matakala ɗaya daga cikin 'yan sandan ya damƙe masa wuyan hannu.

Ran Alhamis ɗin da tsakar rana, in ji shi, wata babbar mota ta bi ta kan wata mata da goyonta a gefen hanyar Kafur, ba ta tsaya ba. An ga launin motar daga nesa, ba a ga direban ba. Ga mijinta can da 'yan'uwansa, su ne a bencin baya, da kunnensu suka ji.

Istifanus ya ce shi ba shi da lafiya ran nan, a tambayi matarsa. Ɗan sandan ya tambaye shi ko rantsuwar da ya yi yanzu ƙarya ce, da ta ɗan'uwansa ma. Aka sa masa ankwa.

Ya shiga waige-waige yana kiran "Yaya! Yaya!" Sai da aka ja shi ta gindin darbejiyar da ke bakin titi ya hango Luka, ya juya masa baya, Shitu na tsaye a gefensa yana ɓare goro.

Suna wucewa ya ji ɗan dokan yana cewa ƙasa-ƙasa, "To, Malam Luka, ranar da ka ce in rubuta ita na rubuta, ka ga kuwa aiki ya yi kyau."