Yi Kamar Ba Na Nan

Babur ya danne ƙafar Zakiyyu a hanyar garin Babban Mutum, ƙashi ya karye, kyamararsa ta yi tsalle ta faɗa gonar gero. Ya yi ta kira, ba kowa.

A Daura kowa ya san finafinan Zakiyyu na rayuwar mutane. Ba ya tambaya, ba ya sa baki, ba ya sa hannu. Kyamara kawai yake kafawa ya ce, "Ku yi kamar ba na nan."

Can sai ga wani makiyayi ya ɓullo da sandarsa.

"Bawan Allah, taimaka ka ɗaga mini babur ɗin nan," in ji Zakiyyu.

Mutumin ya ƙare masa kallo, sannan ya ɗauko kyamarar ya kakkaɓe ta.

"Sunana Kalilu. Ka tuna tsohon da bijimi ya soka a kasuwar shanu ta Mai'adua? Babana ne. Kai ne mafi kusa da shi. Yana miƙo maka hannu, kai kana gyara hoto, kafin a kawo ɗauki ya cika. Na ji har lambar yabo aka ba ka."

"Haka aikin yake, ɗan'uwa. Don girman Allah."

Jar fitilar kyamarar tana nan kunne, alamar har yanzu tana ɗauka. Kalilu ya ɗora ta a kan kututture, ya saita ta daidai fuskar Zakiyyu, ya koma inuwa ya zauna.

"Ci gaba, Malam," ya ce a hankali. "Yi kamar ba na nan."