Aljanin da ba ya karɓar gari

Ina yaro a garin La Courneuve, can ƙasar waje, wata tsohuwa 'yar Indiya, maƙwabciyarmu, ke riƙe ni in Inna ta tafi aiki. Wata la'asar, ɗakinta na ƙamshin turaren tsinke, ta ba ni labarinsu na aljanin tafki, mai kashe duk wanda ya sha ruwa bai amsa tambayarsa ba.

"Me ya fi ƙasa nauyi?" ta tambaye ni.

Na rasa, sai na yi irin namu na kacici-kacici: "Na ba ki gari. Ɗauki Maraɗi!"

"Wannan aljanin ba ya karɓar gari, ɗana."

Ta nuna taga. Inna ce tafe da kayan cefane.

Sai ranar da na ɗauki makarar Inna kafaɗata ta gane amsar.