Injin da Aruna Ya Samo a Salaga

Motar Aruna ta mutu daf da shiga Yendi, da buhunan albasa a bayanta, ruwan sama kuma yana zuba. Ya buɗe bonet, tururi ya buge shi a fuska. Kafin a samu masu turi, albasar ta jiƙe, mai kayan kuma ta rantse ba za ta ƙara shiga motarsa ba.

Ba karon farko ba ke nan. Tun farkon shekarun tamanin yake jan wannan tsohuwar 'yar Japan daga Bawku, kuma a ganinsa bai taɓa tauye mata haƙƙi ba. Duk lokacin da jar fitila ta kama, yakan ƙara mata baƙin mai a kan na da. In lagireto ya bushe, ga rafi ko kududdufi a bakin hanya. Amma injin ba ya godiya: tari da safe, hayaƙi da rana, zafi a kowane hawa. Shugaban tasha ya riga ya gargaɗe shi cewa in ya sake zubar da fasinja a daji, za a cire shi daga layi.

A ranar ya sa makanikai suka sauke injin. Wani mai sayen tsofaffin ƙarafa ya ɗauke shi a kura. Aruna bai tsaya ciniki ba, ya ce ko kyauta ne a raba shi da masifa. Ya bar gangar motar a gareji, ya koma gida a motar haya kamar kowa.

Makonni suka wuce yana zaune. Matarsa Mansuratu ta gaji da ganinsa a tabarma, ta sayar da keken ɗinkinta, wanda da shi take ciyar da gidan duk ranar da mota ta ƙi. Ita 'yar Salaga ce, ta kuma ji labarin wani Sidiku a garinsu mai sayar da kayan mota.

Aruna ya tafi Salaga da kuɗin keken. A rumfar Sidiku ya ga wani inji, an yi masa sabon fenti, yana ƙyalli a kan katako. Ya tambaya ko mai kyau ne. Sidiku, wanda ke kiran kowane direba Masta, ya ce Japan ne na asali, amma da sharaɗi: a juye baƙin mai a kan lokaci, a riƙa wanke fulogi, a kakkaɓe matatar iska, ruwan lagireto kuma ya zama mai tsabta. Aruna ya tuna keken ɗinki, ya yi alkawari.

Motar doya ta kai masa injin Yendi. Injin ya zauna a mazauninsa daram, ko ƙusa ɗaya ba a sauya ba. Aruna ya ce wannan alamar rabo ce.

Daga nan ya zama wani mutum. Yana juye mai kafin ya yi baƙi. Ya ajiye jarkar ruwan famfo a but. Da safe injin yakan ɗan yi tari sau ɗaya kafin ya tashi, Aruna ya ce gaisuwa ce. Daga Bawku zuwa Bolga, zuwa Pusiga, zuwa Kulungugu, bai sake kwana a hanya ba. A tasha har wa'azi yake yi wa ƙananan direbobi: inji kamar mutum ne, akwai ɗan halak, akwai tsinanne, shi kuma ya zauna da duka biyun. Wanda ya yi masa gardama sai ya buɗe bonet ya ce ya kasa kunne.

Bayan damina biyu aka yi suna a dangin Mansuratu, suka tafi Salaga tare. Aruna ya ɗaure zabi biyu, ya ce sai ya gode wa Sidiku, ya kuma nemo wa shugaban tasha irin wannan injin, don ya riga ya cika baki zai kawo.

Sidiku ya karɓi zabin, ya saurari ƙarar motar, ya girgiza kai. Ya ce irin wannan ba a samunsa kullum, domin ba daga jirgin ruwa aka sauke shi ba. Daga hannun wani sakarai ya fito. Da aka buɗe shi, man ciki ya daskare kamar kwalta, laka ta toshe hanyoyin ruwa, fulogi sun yi baƙi ƙirin. Duk da haka ba abin da ya karye. Wanki kawai aka yi masa, aka sa sabon gaskit, aka fesa fenti.

Aruna ya yi dariya har da riƙe ciki. Ya ce irin waɗannan su ne ke ɓata sunan direbobi, ya kamata a ƙwace lasinsa a ba shi jaki. Ya juya ga matarsa don ta taya shi.

Mansuratu ba ta yi dariya ba. Ta gyara mayafinta, ta dubi Sidiku.

"Malam, a ina ka same shi?"

"A Yendi, Hajiya, wurin mai tsofaffin ƙarafa."

"Ya gaya maka mai shi?"

Sidiku ya ɗan yi tunani, yana shafa bayan zabuwa.

"Wani direban Bawku ne. Masta, wataƙila ma ka san shi, Aruna suke ce masa."