Da Sun Bar Shi a Kwance

Ni dai, jama'a, ban taɓa ka da kowa ba sai kujerar roba, ita ma tumbina ne ya yi aikin. Amma in ana kokawa, ina sahun gaba wajen zuga. Don haka ku yi haƙuri da mai wa'azin.

A wani gidan bulo akwai magidanci da ake ce wa Injin, don in ya kama shebur ba ya ɗaga kai. Ƙanin matarsa ma nan yake aiki, kullum cikin tsokanar juna. In aka tashi hutun rana, kan tulin yashi suke gwada ƙarfi.

Ran nan yashin ya kusa ƙarewa, saura ɗan shafi a kan daɓen siminti.

"Yaya, tsufa ya zo," in ji ƙanin. "Jiya na ga yayata tana taya ka ɗaga bokiti."

"Zo nan, ɗan banza, in mai da ka gida a buhu."

Suka sarƙe. Ƙanin ya shiga ƙarƙashinsa, ya sure shi sama, ya juya. Injin ya sauko da ka. Wani abu ya ce ƙas a wuyansa, zafi ya tsarga har gadon baya. Wuri ya kaure da ihu.

"Wuyana," ya ce a hankali. "Ku dakata." A lokacin yana jin yatsunsa na motsi cikin takalmi.

Amma a wurinsu abin kunya ne ka bar wanda ka kayar a ƙasa. Ƙanin ya fizgo hannunsa ya zaunar da shi. Wani ya ce targaɗe ne, ya kama kan ya murɗa hagu da dama. Suka ɗora shi a babur, kansa na lilo a kowane rami.

Kafin su kai asibiti, ya daina jin takalmin.

Likita ya ce ƙashin wuya kawai faɗuwar ta tsaga. Ɗagawar da jijjigar ne suka lalata lakar da ke cikinsa.

Yanzu matarsa ke juya shi a katifa, ta wanke shi, ta ba shi abinci a baki. Ƙanin kan zo bakin ƙofa, ya ajiye sabulu, ya kasa shiga.

Jama'a, kokawa ba wasan kan siminti ba ce. Kuma wanda ya faɗi da ka yana kukan wuya, kada a ɗaga shi, kada a murɗa. A riƙe kansa yadda yake, a nemo ma'aikatan lafiya.

Shi kuwa Injin, har yau in an je dubiya cewa yake santsi ne ya ɗebe shi, ba kaye ba ne.